Amsoshin Tambayoyinku: Yadda ake gane hoton kwaɗon bishiya mai inganci

Jama'a masu sauraro, barkanmu da sake haɗuwa. Wasiƙarmu ta farko daga wani bawan Allah ce da ke koyon ɗaukar hoto. Ya ce ya ɗauki hoton kwaɗon bishiya da daddare da filasha, abokai sai yabawa suke yi, shi kuwa hankalinsa bai kwanta ba. Ta yaya zai gane ko hoton ya yi?

To Malam, fara da ido. Ka ƙara girman hoton har idon ya cika fuskar wayarka. In ƙwayar idon ta fito tas, kamar an zana gefenta da alƙalami, ka ci rabin aiki. In kuwa ganyen ne ya fito sarai, idon ya yi dishi-dishi, hoton ya faɗi, komai kyan launinsa. Idan kyamara ta matso kusa da ƙaramin abu, wurin da ke fitowa sarai bai wuce 'yan milimita ba, shi ya sa masu wannan sana'a kan tsuke ƙofar da haske ke shiga kyamara zuwa f/8 ko f/11 (lambobin da ke nuna girman ƙofar), don wurin da ke fitowa sarai ya ƙaru.

Sai ka dubi fatar. Jikin kwaɗo da danshi yake, filasha kuma in ta buge shi kai tsaye takan bar farin tabo mai ƙyalli a baya ko a goshi, ta shafe ƙananan ƙurajen da ke nuna fata ce mai rai. Farar takarda ko farin ƙyalle a gaban filashar zai sassauta hasken. Ka kuma durƙusa daidai da idonsa, kada ka ɗauke shi daga sama, kuma a ga yatsun nan masu faɗin baki yadda suka manne wa reshe.

Wata 'yar'uwa kuma ta ce ta ga hoton kwaɗo riƙe da ganye kamar laima, tana tambaya ko wannan ne gwanin hoto.

Malama, a wurina ba shi ba ne. Irin waɗannan sau da yawa hannun mutum ne ya lanƙwasa dabbar. Ɗauki kwaɗon nan mai jan ido na dazuzzukan Amurka ta Tsakiya, irin su Kosta Rika. Da dare yake yawo. Da rana lafewa yake yi a jikin ganye, ya naɗe ƙafafu, ya ɓoye shuɗin kwiɓinsa da jan yatsunsa, ya rufe ido. In kika gan shi cikin tsakar rana ido a buɗe, ƙafafu a miƙe, to akwai alamar an tashe shi ne. Kuma kwaɗo yana numfashi ta fata, don haka man shafawa ko maganin sauron da ke hannun mai hoto yakan shiga jikinsa. Ni dai na fi son hoton da aka same shi a inda ya zaɓa da kansa, ko da rabin jikinsa na bayan ganye.