Almakashi, tsohuwar jarida da habaici: laccar da aka yi a Maradi

To jama'a, abu ukku zan faɗa bisa yadda ake haɗa fim mai motsi da yankakkun hotunan takarda. Na baya kuna ji na? Madalla.

Na farko, yadda ake aikin. Ka samu tsohuwar jarida, ka yanko kan wani babba da almakashi, ka ɗora shi bisa jikin zakara, ka aje kan tebur ka ɗauki hoto, ka ɗan matsa shi ka sake ɗauka. Hoto 12 ke ba ka daƙiƙa guda, minti guda hoto 720 ke nan, wanda ba ya da haƙuri ga ƙofa nan (dariya). A Polan, zamanin kwaminisanci, Jan Lenica ya yi ta yanka tsoffin hotuna yana haɗa fim, ba magana ko ɗaya a ciki amma kowa ya gane da wa yake.

Amma ni namu nike so in faɗa muku, Moustapha Alassane, mai shirya fim ɗan Nijar, Allah ya jiƙan shi, ya rasu a 2015. Shi zane ya yi ba yanka ba, kar wani ya ce malam ya yi ƙarya, amma dabarar guda ce. A 1966, shekara 6 da samun 'yanci, ya yi fim ɗin Bon voyage Sim. Kwaɗi ne, wallahi kwaɗi! Shugaban ƙasar kwaɗi zai tafi ziyara ƙasar maƙwabta, sojan kwaɗi sun jeru, ana fareti ana tarbar shi da girma. To wa za ka kai ƙara, kwaɗo? Habaici ne, irin na kishiya da ke zagin kaza a tsakar gida alhali kowa ya san ba da kazar take ba. Hajiya na ga kina dariya, ke kika san wa kika tuna. Kwaɗi fa, tun 1966.

Na biyu… a'a na ukku, sauti, ku sa ganga ko kukan jaki, shi ke nan.

(Wani matashi: Malam, da waya za a iya?)

Sosai ma ɗana. Akwai manhajar waya Stop Motion Studio, amma ka ɗaure wayar kar ta motsa, ni bisa kujera nike ɗaure tawa da roba tana kallon ƙasa. Kuma ka kashe fanka. Ran nan na kwana ina jera guntayen takarda, aka maido kuran, wato wutar lantarki, fanka ta tashi, kan ministana har yau ban gan shi ba.