Sharhi: Kara da Ƙasa a Damagaram

Jama'a masu sauraro, barkanmu da war haka. Sharhinmu na yau a kan abubuwa biyu ne da ba a sayensu da tsada: kara da ƙasa.

Duk wanda ya taɓa tsayawa kallon wasan kara a garin nan ya san daɗinsa. Samari su samo kara, su ƙera doki da bindiga da kakaki. Wannan ya naɗa rawani ya zama sarki, wancan dogari, wani ya fito da tafiyar manyan gwamnati. Ana ta dariya, amma ku lura da yaron da ya yi dogari. Ya koyi faɗuwa gaisuwa, ya san wa ke gaba wa ke baya a fada, ya riƙe kirari a ka, alhali ba a lakwal aka koya masa ba. Kuma da zai shiga, ba wanda ya tambaye shi asalin kakansa.

Wannan shi ya fi taɓa mini rai, domin haka aka gina Damagaram. Sarautarta na da jijiya a Barno. Unguwar Zango kuwa a da masaukin fatake ce da ayarin Buzaye. Bahaushe da Babarbare da Bafillace da Buzu suka zauna wuri guda, har kowa ya ce nan ne gida.

Sai ƙasa. Ku ratsa lungunan Birni da Zango da hantsi, ku ɗaga kai ku dubi fuskar tsofaffin zauruka: dagi, da zanen da magini ya fitar da hannunsa tun yaɓe na ɗanye, da zankwaye a saman soro. Kowane gida da irin nasa, har baƙo kan gane gidan attajiri tun bai yi sallama ba. Garin da Sarki Tanimun ya kewaye da ganuwa ke nan, garin da ya kasance babban birnin Nijar har 1926, lokacin da Faransawa suka mai da mulki Yamai. Mulki ya tashi, zanen ya zauna.

To, yanzu damina na cin bangayen nan, a rushe a sa bulo da siminti. Ba na ganin laifin mai gudun gini ya faɗa wa iyalinsa, ko kaɗan. Abin da ke damuna shi ne tsofaffin magina na tafiya da sanin a hannunsu, samarinmu masu zane kuma suna can suna rubuta allunan shaguna.

Roƙona ga masu sabon gini, Alhazai da Hajiyoyi: ku bar fuskar zaure ko da taku huɗu ce. Ku kira tsohon magini, ku haɗa shi da yaro mai fenti, ku biya su su biyun, kafin ruwan bana ya sauka.