Sistoci, bokitai da kofi uku: me ya karya ƙungiyar Immaculata?

[Hoto: sistoci cikin baƙaƙen tufafi suna dukan bokitai a bakin fili]

Wannan ɗan bidiyon ne ke ta yawo a WhatsApp na ƴan kwando a Yamai, daga masu atisaye a Palais du 29 Juillet har samarin fada. Rubutun da aka liƙa a ƙasansa cewa yake wai wata dokar Amurka mai suna Title IX ce ta ɗaga wannan ƙaramar makaranta har ta ci kofin ƙasa. Hoton gaskiya ne. Rubutun kuwa, an ɗora sirdi a baibai. Ku gyara zama.

Sunan makarantar Immaculata. Kwaleji ce ta ƴan mata zalla a wancan lokaci, ta sistocin Katolika, a wajen birnin Philadelphia, jihar Pennsylvania. Ɗalibanta ƴan ɗaruruwa ne kawai. Zauren wasansu gobara ta cinye shi tun 1967, sai aron fili suke yi a makarantun maƙwabta. A 1970 aka ɗauki Cathy Rush, matashiya mai shekara 22, ta horar da ƙungiyar, albashinta dalar Amurka 450 a shekara. A shekara fa, ba a wata ba.

[Hoto: ƴan wasa cikin rigunan makaranta masu kama da siket]

Watan Maris 1972 aka shirya gasar ƙasa ta kwandon mata ta jami'o'i a garin Normal, jihar Illinois. Kuɗin tafiya babu. Suka yi tallan buroshin haƙori, abin da aka tara bai ishi kowa ba, ƴan wasa takwas kaɗai suka hau jirgi. Cikin ƙungiyoyi 16 an ajiye su a lamba ta 15. Wasan ƙarshe suka gamu da maƙwabtansu West Chester, waɗanda suka yi musu dukan kawo wuƙa 70 da 38 ba da jimawa ba. Wannan karon Immaculata ta ci 52 da 48. A 1973 suka sake ɗauka, sun doke Queens 59 da 52, kakar nan kaf ba wanda ya kayar da su. A 1974 Mississippi College ta sha kashi 68 da 53. Kofi uku a jere.

To, a nan nake so mu tsaya, don nan ne mai rubutun can ya yi tuntuɓe.

Ku dubi kwanan wata a kan allo. Kofin farko, Maris 1972. Shugaba Nixon ya sa hannu a Title IX ranar 23 ga Yuni 1972. Wato kofi na cikin makaranta wata uku kafin a haifi dokar. Ƙa'idojin aiki da ita a fagen wasanni ma sai 1975 suka fito, aka kuma ba jami'o'i wa'adin shekara uku su daidaita.

Me dokar ta ce? Gajeriya ce ƙwarai, ko kalmar wasa babu a cikinta. Cewa ta yi duk makarantar da ke karɓar kuɗin gwamnatin tarayya, ba ta da ikon hana mutum wani abu saboda shi namiji ne ko mace ce. Ku lura da kyau: tana auna maza da mata ne a cikin makaranta guda. Ba ta auna wannan makaranta da waccan. Kamar a ce a kowane gida a raba tuwo daidai tsakanin yara maza da mata. Madalla. Amma ba wanda ya ce tukunyar gidan alhaji da ta gidan malam su zama ɗaya.

Kafin dokar, babbar jami'a mai ɗalibai dubu talatin da ƙaramar kwalejin sistoci kusan jirgi ɗaya ya kwaso su, don dukansu ba sa kashe wa mata komai. Hukumar da ke shirya gasar matan, AIAW, da kanta ta hana a ba yarinya karatu kyauta saboda wasa, sai a 1973 ta janye hanin. To yarinyar da ta iya kwando, me zai kai ta nesa? Sai ta zaɓi inda ke kusa da gida, inda kuɗin makaranta ke da sauƙi, inda iyaye suka yarda da tarbiyyar wurin. Su kuwa makarantun sakandaren Katolika na Philadelphia sun daɗe suna gasar kwando ta ƴan mata mai zafi. Yaran sun taso da ƙwallo a hannu, kwalejin da ke bakin ƙofarsu kuma ita ce Immaculata. Theresa Shank, babbar tauraruwarsu, wata makaranta ta yi niyyar tafiya, gobara ta ci gidansu, dole ta zauna kusa da iyaye. Da ita da Rene Muth da Marianne Crawford duk ƴaƴan yankin ne. Ba wanda ya sayo su.

Ga wani abu kuma da ya zo musu a daidai. A 1971 aka mayar da wasan mata na mutum biyar biyar, fili gaba ɗaya, maimakon tsohon tsarin mutum shida da ke tsare wasu a rabin fili. Cathy Rush ta rungumi sabon tsarin da wuri: gudu, matsi, tsaron mutum da mutum. Wasu masu horarwa na nan suna koyon dokokin, ita ta riga ta yi nisa.

Yanzu dokar ta fara cizo. Jami'ar da ke zuba miliyoyi a ƙwallon maza, an ce mata dole ki buɗe wa mata aljihu su ma. Nan da nan aka fara karatu kyauta, ɗakin kwana, abinci, tikitin jirgi, zaure mai kyau. A 1974 babbar jami'ar UCLA ta ba Ann Meyers karatun shekara huɗu kyauta, a 1978 UCLA ta ɗauki kofi. Immaculata fa? Ba ta da ƙungiyar maza da za a auna ta da ita, ba ta da kuɗin tikiti ko na talabijin da za ta raba. Dokar ba ta ƙwace mata komai ba, ba ta kuma ba ta komai ba. Abokan karawarta ta ba ƙarfi. Ka sa kanka a matsayin uban yarinya: nan a ce ka biya, can a ce kawo ta kyauta har da abinci. Baba, ina za ka kai ta? Ni dai ban ga laifin kowa ba.

Kada wani ya fita daga bidiyon nan ya ce na zagi dokar. Kafin ta, ƴan matan sakandare masu wasanni a Amurka ba su kai 300,000 ba, yau sun haura miliyan 3. Ribar ta fi asarar nesa ba kusa ba. Abin da ya fi ɗaukar hankalina, ni mai kallo daga Yamai, shi ne inda ƙarfin ya fito tun farko: gasar sakandare da ake yi kowace shekara ba fashi. Mu a nan sau da yawa yarinya na kaiwa ajin jarrabawa sai a ce ta ajiye ƙwallo, shi ke nan an rabu.

[Hoto: zauren Madison Square Garden cike da jama'a]

Sauran labarin da gudu. Janairu 1975, wasansu da Maryland ne wasan kwandon mata na farko da aka nuna wa ƙasa baki ɗaya a talabijin, suka ci 80 da 48. Fabrairu, Madison Square Garden a New York, kusan mutum 12,000, suka doke Queens 65 da 61. Amma wasan ƙarshe na 1975 da na 1976 Delta State ta Mississippi ce ta kayar da su, da doguwar nan Lusia Harris a ƙarƙashin kwando. A 1977 Cathy Rush ta ajiye aiki: wasa 149 ta ci, 15 aka ci ta. Yau makarantar na buga rukuni na uku, inda ba a ba da karatu kyauta don wasa, kuma tun 2005 tana ɗaukar maza.

Ƴan wasan Cathy Rush kuwa, manyan jami'o'in ne suka kwashe su aikin horarwa. Rene ta tafi Penn State. Marianne ta ci kofin ƙasa da Old Dominion a 1979 da 1980 da 1985. A 1982 NCAA, hukumar wasannin jami'o'i wadda a da ba ruwanta da gasar mata, ta shirya tata, AIAW ta buga gasarta ta ƙarshe a Philadelphia. Rutgers ce ta ɗauki kofin bayan ta doke Texas, mai horar da ita kuma Theresa ce, wadda a lokacin ake kira Theresa Grentz.