Zohran Mamdani: ɗan majalisar jiha da ya yi kwana 15 bai ci abinci ba saboda direbobin tasi

Jama'a masu sauraro, barkanmu da wannan lokaci. Yau sharhin namu zai leƙa Amurka ne, jihar New York, kan wani matashi ɗan asalin Indiya da sunansa ya cika duniya tun da ya ci zaɓen magajin garin birnin New York ranar 4 ga Nuwamba 2025, wato Zohran Mamdani. To amma ni ba kujerar magajin garin ce ta fi ɗaukar min hankali ba, shekaru biyar ɗin da ya yi a majalisar dokokin jiha su nake so mu duba, don a can aka ga ko wane ne shi.

A Kampala ta ƙasar Yuganda aka haife shi a 1991. Mahaifinsa Farfesa Mahmood Mamdani yana cikin Indiyawan da Idi Amin ya kora a 1972, aka ba su kwana 90 su tattara nasu ya nasu su bar ƙasar da suka tashi a cikinta, daga baya ya dawo. Sunan yaron na tsakiya Kwame, don girmama Kwame Nkrumah, masu sauraronmu na Gana sai ku ce naku ne. Ya ɗan zauna a Afirka ta Kudu, yana da shekara bakwai aka kawo shi New York, sai 2018 ma ya samu takardar zama ɗan ƙasa.

Kafin siyasa aikinsa a unguwar Queens shi ne zama da mutanen da banki ke shirin ƙwace wa gida, a baje takardu a tebur, a ga ta inda za a roƙi sassauci. Wanda ya yi irin wannan aikin ya san yadda fuskar magidanci take idan bashi ya sha masa kai. A 2020 ya tsaya takara a mazaɓa ta 36, yankin Astoria, ya kayar da 'yar majalisar da ta yi kusan shekara goma a kujerar a zaɓen fidda gwani, ya shiga majalisar da ke Albany, babban birnin jihar, a Janairun 2021, mutum ɗaya cikin 150.

Yanzu ga inda nake so ku kasa kunne. A New York ba ka da ikon tuƙa tasi mai ruwan ɗorawa ka ɗauki fasinja a titi sai da wani ɗan ƙarfe da ake maƙalawa a bonet ɗin motar, shi ne lasisin, kuma adadinsa ƙayyadadde ne, dubu 13 da 'yan kai. Hukumar birnin da kanta ta riƙa gwanjonsa tana nuna wa mutane jari ne da ba ya faɗuwa, masu ba da bashi suka yi ta zuga, har wajen 2014 kuɗin guda ɗaya ya haura dala miliyan ɗaya. Su wa suka saya? Baƙi ne akasari, 'yan Bangaladash, Pakistan, Indiya, Haiti, har da 'yan'uwanmu na Afirka ta Yamma, mutum ya ci bashi yana cewa wannan shi ne fanshona shi ne gadon 'ya'yana. Sai ga Uber da Lyft, kamfanonin da ake kiran motarsu ta manhajar waya, sun shigo ba su buƙatar ƙarfen nan, farashi ya rikito ƙasa warwas, bashin kuwa yana nan daram, mutum ya wuni ya kwana a sitiyari amma abin da ya samu bai kai na banki ba balle na cefane. A 2018 direbobi da dama sun kashe kansu, innalillahi wa inna ilaihi raji'un.

A watan Oktoban 2021 ƙungiyar direbobin ta yi zaman dirshan a ƙofar ofishin magajin gari, suka ce sun daina cin abinci sai an duba su. Ɗan majalisa sabo fil, shekararsa 30, zai iya zuwa ya yi jawabi a ɗauke shi hoto ya koma gida, ba wanda zai zarge shi. Sai ya shiga yajin da su. Kwana 15, ga sanyin kaka ya fara shigowa, yana zaune cikin dattawan da wasunsu sun haife shi, cikinsu akwai wanda ɗan'uwansa na jini yana cikin waɗanda bashin ya kai lahira. Ranar 3 ga Nuwamba aka cimma matsaya: babban mai bin bashin ya yarda a rage bashin kowane direba zuwa dala 170,000, biyan wata kada ya wuce dala 1,122, birnin kuma ya tsaya a matsayin mai lamuni. Mutumin da ake bi rabin miliyan ko fiye, ku auna irin barcin da ya yi a daren.

Gaskiya dai ba shi kaɗai ya yi ba, direbobin sun shekara da shekaru suna wannan gwagwarmaya kafin ya zo. Kuma masu sukarsa suna da abin faɗa, ƙudurorinsa da suka zama doka 'yan kaɗan ne, gwajin bas kyauta da ya taimaka aka kawo a layuka biyar a 2023 shi ma shekara guda ya yi aka tsayar, ya kasa shawo kan abokan aikinsa su sabunta. Wannan rauni ne, ban ɓoye ba. Amma ni a wajena wakilin da ya haɗa cikinsa da na talakawansa har aka sauke musu nauyi ya yi abin da tarin takardu ba su yi ba.

Da ya fito neman magajin gari a 2025 ya kara da tsohon gwamna Andrew Cuomo, mai suna da kuɗi da gidan siyasa, ya kayar da shi a zaɓen fidda gwani a watan Yuni ya sake kayar da shi a babban zaɓe a Nuwamba da ƙuri'a sama da miliyan ɗaya, ya zama Musulmi na farko da ya hau kujerar. Direbobin tasin nan suna cikin waɗanda suka tsaya masa. Sai mun haɗu a sharhi na gaba, a huta lafiya.