Tufar Mai Rawar Mujra: Daga Fadar Lakno zuwa Dandamalin Lahor

Jama'a, assalamu alaikum. Da yawanmu nan mun taɓa ganin rawar mujra ba mu san sunanta ba. Duk wanda ya kalli fim ɗin Indiya Mughal-e-Azam na 1960 ko Pakeezah na 1972 ya ga mace cikin doguwar riga tana juyi a tsakiyar fada. To, rigar nan ce ta kawo ni yau.

Matan da ke wannan rawa ana kiran su tawa'if. A Lakno da ke arewacin Indiya, zamanin sarakunan masarautar Awadh, mata ne masu ilimin waƙa da rawar gargajiya ta katak da ladabin zama, har manya kan tura 'ya'yansu maza gidajensu su koyo iya magana. Tufarsu kuwa rufe take ruf. Rigar, peshwaz, tana kama ƙirji, daga ƙugu sai ta buɗe da faɗi sosai har ƙasa da gwiwa. A ƙarƙashi akwai wando tsuke mai suna churidar, wanda ake yi masa tsawo fiye da ƙafa don ya tattare a idon sawu kamar an jera awarwaro. Ga gyale, ga aikin zaren zinariya da suke kira zardozi, ga lalle a tafin hannu.

Ku lura da kyau, don nan ne gizo ke saƙa. Ba ado kawai ba ne, kayan aiki ne. In ta yi juyi, faɗin rigar ne ke tashi ya zama kamar faifai, shi ya sa dole a sa wando. Wandon ya tsuke ne don mai kallo ya ga aikin ƙafa. A idon sawun kuma an ɗaura ghungru, ƙananan ƙararrawa na tagulla, sau da yawa ɗari ko fiye a kowace ƙafa, su ne ke amsa wa mai kaɗa gangar tabla. Gyalen ma magana yake: ta ja shi ta rufe rabin fuska, baitin da ake rerawa ya sami fassara.

Sai Turawan Ingila suka tuɓe Wajid Ali Shah, sarkin Awadh na ƙarshe, a 1856, fada ta watse. Bayan boren da Indiyawa suka yi wa Turawa a 1857 aka ƙwace dukiyar da yawa daga cikin matan nan, daga baya kuma aka taso da yaƙin hana rawar gaba ɗaya. Mai biya ya canja, tufa ma ta bi.

Ku duba mujrar yau a gidajen wasan kwaikwayo na Lahor, a Pakistan, da wuraren biki. Galibi riga ce da wando na yadin roba mai ƙyalli, an matse ta a jiki, gyale sau da yawa babu. Ƙararrawar ta rage amfani, tunda kiɗan daga lasifika yake fitowa, ba makaɗi a gefe da za a yi wa amsa. Wallahi abin yana taɓa ni, kuma ban ɗora wa matan laifi ba. Da yawansu abinci suke nema, abin da 'yan kallo ke biya shi tela ke ɗinkawa.

Ita kuwa tsohuwar rigar ba ta mutu ba, gida ta sake. Fim ya ba ta sunan Anarkali, yanzu amare ke sa ta a Delhi da Karachi, cikin gidajen da ba za su yarda tawa'if ta taka ƙofarsu ba.