Me Ya Sa Jari Ke Gudun Kamfanonin Mata?

A 2014 wasu masu bincike a Amurka suka yi wani gwaji. Suka nuna wa mutane bidiyon sababbin kamfanoni masu neman jari, hotuna da kalmomi ba a taɓa ko ɗaya ba, sai murya kaɗai ake musanyawa, wani lokaci namiji, wani lokaci mace. Da aka ce su zaɓi wanda za su ba kuɗi, kusan kashi 68 cikin ɗari suka bi muryar namiji.

To, wane irin jari muke magana? Ba bashin banki ba ne. Mai kuɗi zai zuba dukiyarsa a kamfanin da bai ma tsaya da ƙafarsa ba, a yanka masa kaso. In kamfanin ya mutu, kuɗinsa sun bi ruwa. In ya bunƙasa, kakarsa ta yanke saƙa. Tunda babu dogon tarihin ciniki da zai duba, mutumin da ke tsaye a gabansa yake aunawa. A nan gizo ke saƙar.

A Amurka, kamfanonin da mata zalla suka kafa ba sa samun abin da ya wuce kusan kashi 2 cikin ɗari na wannan jari, kuma an yi shekaru ana nan.

Wata mai bincike, Dana Kanze, da abokan aikinta sun bi diddigin tambayoyin da aka yi wa masu neman jari a gasar TechCrunch Disrupt ta birnin New York, daga 2010 zuwa 2016. Namiji akan tambaye shi riba: yaya za ka mamaye kasuwa? Mace kuwa asara: yaya za ki hana masu sayen kayanki guduwa? Shi yana zayyana burinsa, ita tana kare kanta kamar wadda aka gurfanar gaban alƙali. Waɗanda aka fi yi wa tambayar riba sun tara kuɗi kusan ninki bakwai. Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne, mata masu zuba jari ma haka suka riƙa tambayar 'yan'uwansu mata.

Binciken ya gano wata dabara. Waɗanda aka tambaya asara, suka amsa a taƙaice sannan suka karkata zancen zuwa bunƙasa, sun fi samun kuɗi. Amma dai nauyin gyara ya koma kan wadda aka ƙware ke nan.

A nahiyarmu, Bankin Raya Afirka ya ƙiyasta giɓin kuɗin da mata 'yan kasuwa ke fama da shi a kan dala biliyan 42. Shi ya sa a 2021 Odunayo Eweniyi, ɗaya daga cikin waɗanda suka kafa PiggyVest, manhajar ajiyar kuɗi ta Najeriya, ta haɗa kai da Eloho Omame suka buɗe FirstCheck Africa a Najeriya. Aikinsu shi ne ba kamfanonin fasaha na mata jarin farko, wanda ya fi kowane wuyar samu.