John Newton: Daga Jirgin Bayi Zuwa Mumbarin Wa'azi

Jama'a masu sauraro, barkanmu da warhaka.

Duk wanda ya ratsa Sabon Gari a nan Kano da safiyar Lahadi ya san yadda sautin waƙoƙin yabo ke fitowa ta tagogin majami'u, har ya danne ƙarar 'yan adaidaita sahu. Cikin waƙoƙin da Kiristocin duniya suka fi rerawa akwai Amazing Grace, wato alheri mai ban mamaki, kuma sharhinmu na yau kan mawallafinta ne, John Newton.

An haife shi a Landan a 1725. Mahaifiyarsa ta rasu bai cika shekara bakwai ba, yana ɗan shekara goma sha ɗaya ya fara bin mahaifinsa aikin jirgin ruwa. Ya tashi gagararre, an tilasta masa shiga sojan ruwa, ya gudu, aka kamo shi aka yi masa bulala a bainar jama'a. Daga nan ya faɗa hannun wani dillalin bayi a gaɓar Saliyo, inda ya sha yunwa da ciwo da wulaƙanci, har ya zama abin tausayi ga bayin da ke ɗaure, waɗanda suka riƙa sammasa abinci a ɓoye. A watan Maris na 1748, yana hanyar komawa gida, guguwa ta kusa nutsar da jirginsu, a nan ne bakin da ya saba da saɓo ya roƙi jinƙan Ubangiji.

Masu ba da labarinsa sukan tsaya a nan, kamar dai daga wannan dare ya wanke hannunsa daga mugun aiki. Ba haka aka yi ba, kuma bai kamata a rufe wannan ba. Bayan tubar tasa ne ya zama kyaftin na jirgin bayi, ya yi sawu uku zuwa Afirka ta Yamma, yana karatun Littafi Mai Tsarki a ɗakinsa alhali 'yan Adam na cikin mari a ƙarƙashin ƙafafunsa. Rashin lafiya ce ta raba shi da teku a 1754, ba nadama ba.

A 1764 aka naɗa shi limamin coci a Olney, ƙaramin gari na talakawa masu saƙa. Saboda su ne ya riƙa tsara waƙa da kalmomi masu sauƙi don ta raka wa'azinsa, yadda wanda bai iya karatu ba zai tafi gida da darasin a bakinsa. Amazing Grace ta raka wa'azin ranar sabuwar shekara ta 1773, kan addu'ar da Sarki Dawuda ya yi yana tambayar ko shi wane ne har Allah ya kawo shi wannan matsayi. Shi da abokinsa William Cowper suka fitar da kundin waƙoƙi 348 a 1779, mafi yawansu na Newton ne.

Sai a 1788, shekara 34 bayan barin sana'ar safarar bayi, ya fito fili ya rubuta ɗan littafi yana tona asirinta, ya ce ana jera bayi a cikin jirgi kamar littattafai a kan kanta, ya kuma amsa cewa furucin nasa ya zo a makare. A ganina nan ne darajarsa take, domin ya ba da shaida a kan kansa lokacin da ba wanda ya tuhume shi. Shi ne kuma ya shawarci William Wilberforce, ɗan majalisar Birtaniya da ya jagoranci yaƙi da cinikin bayi, da kada ya bar majalisar dokoki, ya tsaya ya yi wa Allah aiki a can.

Majalisar Birtaniya ta haramta cinikin bayi a watan Maris na 1807. Newton, wanda a lokacin idonsa ya kusa rufewa, ya rasu a watan Disamba na wannan shekara, yana da shekara 82.